Kuroshiya na kiran jikokinta daga Chile, 'ya'yanta kuma na hawa motar Jamus

Ƙidayar jama'a ta 2021 ta samu mutum 3,871,833 a Kuroshiya. Ta 2011 ta samu 4,284,889. Cikin shekara goma an yi asarar sama da mutum dubu 400, kusan kashi goma cikin ɗari, ba tare da an yi yaƙi ba. A gefe guda kuma, ofishin gwamnati mai kula da Kuroshiyawa mazauna waje yana ƙiyasta cewa waɗanda suka yi ƙaura da zuriyarsu sun kai kimanin miliyan 3.2. Duk ɗan siyasar da ya jera waɗannan lambobi biyu, lissafi ɗaya ke zuwa masa: a dawo da ko da kashi goma na mutanen waje, mafi yawan gurbin ya cike. Lissafin ba ya fita, domin miliyan 3.2 ɗin nan ba jama'a ɗaya ba ce. Ayari-ayari ne da suka fita a zamani daban-daban, kowane da abin da ya kore shi, kuma abin da kowane ke so daga Zagreb, babban birnin ƙasar, ya sha bamban da na ɗan'uwansa.

Ayari mafi daɗewa ba ya ma cikin maganar komowa. A ƙarni na 15 da na 16, lokacin da rundunonin Daular Usmaniyya ta Turkiyya ke matsowa yamma, ƙauyuka sun tashi ɗungurungum. Zuriyarsu ce ke yankin Burgenland na gabashin Ostiriya da maƙwabtansa a Hungari da Sulobakiya, da kuma wasu ƙauyuka uku a lardin Molise na Italiya. Suna da tsohon karin harshensu, suna da cocinsu da kiɗansu, amma shekara ɗari biyar ke nan suna inda suke. Abin da suke buƙata malamin harshe ne da kuɗin buga littafi.

Fitar da ta gina abin da yau ake kira Kuroshiyawan ƙetare ta faro ne wajen 1880, ta ci gaba har Yaƙin Duniya na Ɗaya ya datse ta a 1914. Sai an duba gonar inabi kafin a gane ta. Gaɓar tekun Dalmashiya, a kudancin Kuroshiya, da tsibiranta duwatsu ne, ƙasar noma kaɗan ce, abin da ke kawo kuɗi shi ne inabi da zaitun da kamun kifi da aikin jirgin ruwa. Da ƙwaron filoksera, mai cin saiwar inabi, ya halaka gonakin Faransa, farashin giya ya tashi, manoman Dalmashiya suka shuka inabi a duk inda dutse ya bar tsaga, wasu har da sare itatuwan zaitun, da yawa kuma da kuɗin bashi. Sai bugu biyu suka zo a jere. A 1891 daular Ostiriya da Hungari, wadda ke mulkin yankin, ta ƙulla yarjejeniyar ciniki da Italiya wadda ta sassauta harajin shigo da giyar Italiya, kasuwa ta karye. Bayan shekara uku ƙwaron da kansa ya iso Dalmashiya. Maganinsa ɗaya ne: a tuge kurangar baki ɗaya, a dasa saiwar inabin Amurka wadda ƙwaron ba ya kashewa, a yi mata aure da reshen na gida, sannan a jira shekara uku zuwa huɗu kafin a tsinki wani abin kirki. Manomin da ake bi bashi ba shi da shekara huɗu ta jira. A daidai lokacin kuma jiragen ruwa masu tururi sun kashe sana'ar masu jiragen filafilai. Can cikin ƙasa, a Lika da Gorski Kotar, manyan gidajen gandu suna ta rabewa, gonaki na ƙanƙancewa, an kuma rushe tsarin yankin soja na kan iyaka a 1881, wanda shi ke ba maza abin yi.

Ba a fita da ka. Mutum ɗaya ke tafiya, ya samu gindin zama, ya aiko wa ƙanensa ko ɗan baffansa kuɗin jirgi, shi ma wannan ya jawo wani. Shi ya sa taswirar ƙaurar take daga tsibiri zuwa gari. Mutanen tsibirin Brač suka cika Antofagasta a arewacin Chile, inda ake haƙar gishirin taki, da Punta Arenas a can ƙarshen kudu, inda zinariya ta fara jan su kafin kiwon tumaki da kasuwanci su riƙe su. Iyalin Luksic, ɗaya daga cikin mafiya arziki a Chile, asalinsu Brač ne. Gabriel Boric, wanda ya hau shugabancin Chile a 2022, haifaffen Punta Arenas ne, kakanninsa daga tsibirin Ugljan. Masunta daga Komiža da kewayenta suka kafa sana'ar kifin gwangwani a San Pedro ta Kalifoniya, wasu suka riƙe noman kawa a bakin kogin Misisipi, mutanen yankin Makarska da Korčula kuma suka nufi arewacin Niyu Zilan haƙar ƙaron itacen kauri. Mafi yawa dai ma'aikatun ƙarfe da ramukan kwal na Amurka suka shiga, musamman Pittsburgh da Cleveland da Chicago. Jirgin Carpathia da ya ceci waɗanda suka tsira daga Titanic a 1912, hanyar da yake bi ke nan, tsakanin New York da tashar Rijeka.

A ma'aikatar ƙarfe ta wancan zamani, wanda injin ya cinye wa hannu ya tafi gida ke nan, wanda ya mutu kuma iyalinsa su san inda dare ya yi musu. Wannan ya sa a 1894, a Allegheny da ke cikin Pittsburgh ta yau, leburori suka kafa ƙungiyar taimakon juna: kowa ya zuba ɗan abu duk wata, a biya kuɗin jinya, a yi jana'iza, a ba matar mamaci wani abu. Ita ce ta zama Croatian Fraternal Union, kuma har yau tana nan a matsayin kamfanin inshora mai rassa a Amurka da Kanada, da jaridarta Zajedničar. Ƙungiyar da ta ba mutum inshora ta fi wadda ta ba shi jawabi daɗewa, kuma tarihin Kuroshiyawan ƙetare cike yake da ƙungiyoyin jawabi da suka mutu tare da waɗanda suka kafa su. Ƙofar Amurka ta rufe da dokar 1924, wadda ta ba Yugoslabiya gaba ɗayanta, ƙasar da Kuroshiya ke cikinta a lokacin, gurbin da bai kai mutum dubu ɗaya a shekara ba, sai kwararar ta karkata zuwa Ajantina, Kanada da Ostireliya.

Zuriyar wannan ayari ita ce kaso mafi girma na miliyan 3.2, kuma ita ce mafi wuyar ƙirgawa. Waɗanda suka fita kafin 1918 da takardun Ostiriya da Hungari suka fita, aka rubuta su 'yan Ostiriya a tashoshin shiga. Na bayansu aka rubuta su 'yan Yugoslabiya. Zagreb na cewa akwai kimanin miliyan 1.2 a Amurka, amma waɗanda ke bayyana kansu da asalin Kuroshiya a ƙidayar Amurka kimanin dubu 400 ne. Tazarar ba ƙarya ba ce daga kowane ɓangare. Wani na ƙirga duk mai kaka ɗaya daga Dalmashiya, wani na ƙirga wanda ya buɗe baki ya faɗa. Halin jikan nan na huɗu kamar na jikan Bahaushe ne a zangon Kumasi: ya san kakansa Bakano ne, yana alfahari da haka, amma gidansa da kasuwarsa da makarantar 'ya'yansa duk suna Kumasi.

Ayarin 1945 ƙarami ne a yawa, amma ya fi kowane ƙara. Da gwamnatin Ustaša ta Kuroshiya, wadda ta yi kawance da Hitler ta kuma yi wa Sabiyawa da Yahudawa da 'yan ƙabilar Roma kisan ƙare-dangi, ta faɗi, sojojinta da ɗimbin fararen hula suka gudu zuwa iyakar Ostiriya. A Bleiburg sojojin Birtaniya suka ƙi karɓarsu, dakarun Tito, jagoran 'yan kwaminisancin Yugoslabiya, suka kashe dubban mutane a kan hanyar komowa. Waɗanda suka sulale sun bi ta sansanonin Italiya da Ostiriya zuwa Ajantina, Kanada, Ostireliya da Sifen. Shugaban Ustaša, Ante Pavelić, ya ɓuya a Ajantina, ya mutu a Madrid a 1959. Ba duka ne 'yan Ustaša ba: akwai 'yan Jam'iyyar Manoma, da limaman coci, da talakawan da kawai suka ƙi kwaminisanci, kuma waɗannan rukunoni sun sha rigima da juna a ƙetare. Wasu ƙananan ƙungiyoyi sun ɗauki makami, sun kai hare-hare kan ofisoshin Yugoslabiya, har da satar jirgin sama a Amurka a 1976. Hukumar leƙen asirin Yugoslabiya, UDBA, ta bi su har ƙasashen da suke. An harbe marubuci Bruno Bušić a Paris a 1978, aka kashe Stjepan Đureković kusa da Munich a 1983, kuma sai a 2016 wata kotun Munich ta yanke wa tsofaffin jami'an hukumar biyu, Josip Perković da Zdravko Mustač, ɗaurin rai da rai kan kisan na biyun.

Sai 'yan ci-ranin Jamus. Yugoslabiya ce kaɗai ƙasar kwaminisanci a Turai da ta buɗe wa ma'aikatanta ƙofa da hannunta. Gyaran tattalin arziki na 1965 ya jefa mutane da yawa cikin rashin aiki, gwamnati ta ga gara su fita su aiko da kuɗin waje, aka sa hannu kan yarjejeniyar ɗaukar ma'aikata da Jamus ta Yamma a Oktoban 1968. Ofishin samar da aiki ke tantancewa, likitan Jamus ya duba ƙirji da haƙora, a ba mutum kwantiragin shekara ɗaya da gado a ɗakin kwanan kamfani, jirgin ƙasa ya sauke shi a Munich. A ƙidayar 1971, kusan kashi ɗaya cikin uku na ma'aikatan Yugoslabiya da ke waje daga Kuroshiya suke, alhali jama'arta ba ta kai kashi ɗaya cikin huɗu na ƙasar ba. Niyyar kowa ita ce shekara biyu ko uku: a gina gida, a sayi tarakta, a dawo. Abin da ya sauya lissafin shi ne dakatar da ɗaukar ma'aikata da Jamus ta yi a Nuwamban 1973. Daga ranar, duk wanda ya koma gida ba shi da tabbacin sake shiga, don haka maimakon ya tafi sai ya kira matarsa da 'ya'yansa. Dokar da aka yi don rage baƙi ita ta zaunar da su. Gidajen an gina su kuwa. Duk wanda ya bi ta Imotski ko yammacin Hazegobina zai ga benaye masu hawa biyu da uku, tagogi a rufe wata goma sha ɗaya, sai a watan Agusta motoci masu lambar Stuttgart da Frankfurt su cika ƙofar gida. Abin da ya riƙe wannan jama'a wuri ɗaya a Jamus cocin Katolika ne, ta hanyar cibiyoyinta masu yin ibada da harshen Kuroshiya, da kulob-kulob na ƙwallo.

Mai kallon ƙwallo ya riga ya ga wannan tarihi ko bai sani ba. Niko Kovač da ƙanensa Robert a Berlin aka haife su, Ivan Rakitić a Siwizalan, Mateo Kovačić a Linz ta Ostiriya. Wasan Kuroshiya da Ostireliya a gasar cin kofin duniya ta 2006, wanda aka tashi 2-2, 'yan wasa bakwai na tawagar Ostireliya jinin Kuroshiya ne, ciki har da kyaftin Mark Viduka, uku na tawagar Kuroshiya kuma haifaffun Ostireliya ne. Ɗaya daga cikinsu shi ne Josip Šimunić, wanda alƙalin wasa ya ba katin gargaɗi har sau uku a ranar.

A 1990 ne ayarin siyasa da na ci-rani suka haɗu a kan abu ɗaya. Franjo Tuđman, wanda daga baya ya zama shugaban Kuroshiya na farko, ya fara zagayen Kanada da Amurka tun 1987, kuma kuɗin da aka tara a ɗakunan taro na Toronto da Cleveland da biranen Jamus sun taimaka wa jam'iyyarsa ta HDZ ta ci zaɓen farko na jam'iyyu da yawa. Da yaƙin ɓallewar Kuroshiya daga Yugoslabiya ya ɓarke a 1991 aka ci gaba da aiko da kuɗi da magani da 'yan sa-kai. Gojko Šušak, ɗan kasuwa daga Ottawa, ya zama ministan tsaro daga 1991 har rasuwarsa a 1998. Ladan da aka biya mutanen waje shi ne kujeru a majalisa: a zaɓen 1995 an ware wa mazauna waje kujeru 12, HDZ ta cinye su duka. 'Yan adawa suka ce an yi wa jam'iyya mai mulki rumbun ƙuri'a ne kawai. Aka koma ƙayyade kujerun gwargwadon yawan waɗanda suka fito zaɓe, sannan gyaran tsarin mulki na 2010 ya tsayar da su a kan 3 cikin 151, ya kuma ce ba a jefa ƙuri'a sai a ofishin jakadanci.

Wannan sharaɗi na ƙarshe ya yanke yawancin mutanen ƙetare daga zaɓe. Mai zaune a Punta Arenas sai ya yi tafiyar sama da kilomita 2,000 zuwa Santiago kafin ya ga akwati. Waɗanda ke cika layi su ne Kuroshiyawan Bosniya da Hazegobina, musamman a Mostar, kuma su ba ƙaura suka yi ba. A ƙasarsu ta gado suke, ɗaya ne daga cikin al'ummomi uku da tsarin mulkin Bosniya ya amince da su, ƙidayar 2013 ta same su dubu 544 da 'yan kai. Kujerun da ake kira na mazauna waje, a aikace nasu ne. Akwai kuma waɗanda ba a cika sakawa a lissafin ba sam: Sabiyawan Kuroshiya, waɗanda suka kai kashi 12 na jama'a a 1991 suka koma kashi 4.5 a 2001, bayan da mafi yawansu suka gudu a lokacin yaƙi, musamman a Agustan 1995. Su ma daga Kuroshiya suka fita, wasu da gidajensu har yanzu a can, amma dokar 2011 da ta tsara hulɗa da mutanen waje a kan ƙabila ta ginu.

Ayari na ƙarshe shi ne wanda ya huda ƙidayar 2021. Kuroshiya ta shiga Tarayyar Turai ranar 1 ga Yulin 2013, tana tsakiyar koma-bayan tattalin arziki da ya ɗauki shekara shida, rashin aikin yi tsakanin matasa ya kusa kashi 50. Ayilan ta buɗe kasuwar aikinta nan take, Jamus ta buɗe a Yulin 2015, Ostiriya ta ja har 2020. Daga 2015 abin ya zama ambaliya. A 2017 kaɗai hukumar ƙididdiga ta rubuta fitar mutum kimanin dubu 47. A wancan lokacin sama da mutum dubu 300 ne aka toshe wa asusun banki saboda bashi, kuma ga wanda albashinsa ke shiga asusun da aka toshe, aiki a ƙasar waje hanya ce ta numfashi. Yankin da abin ya fi ci shi ne Slavoniya a gabas, mai ƙasar noma mafi kyau a duk ƙasar. Lardin Vukovar-Srijem ya rasa kusan mutum ɗaya cikin biyar a shekara goma. Motocin safa na tashi daga Osijek da Vinkovci da Slavonski Brod da yamma, gari na wayewa suna Munich.

Ko dubu 47 ɗin ma ƙasa take da gaskiya. Doka ta ce wanda zai bar ƙasar fiye da shekara ɗaya ya sanar da 'yan sanda, amma mutane da yawa ba sa yi, don kada su rasa inshorar lafiya, ko don suna ganin gwaji za su je. A Jamus kuwa ba a samun lambar haraji ko asusun banki cikin sauƙi sai an yi rajistar adireshi, don haka alƙaluman Jamus kullum sun fi na Zagreb yawa. Su ma suna da nasu aibin: fasfo suke ƙirgawa, kuma da yawa daga masu fasfon Kuroshiya da suka isa Jamus daga Bosniya suka taso, ba su taɓa zama a Kuroshiya ba. Sannan ba duk ragin dubu 400 ne ƙaura ba. Tun ƙarshen shekarun 1990 mace-mace sun fi haihuwa yawa kowace shekara. Sai dai abubuwan biyu a ɗaure suke, tunda masu fita su ne masu shekarun haihuwa, 'ya'yan da za a haifa a Osijek sai a haife su a Stuttgart.

Bambancin wannan ayari da na 1968 shi ne abin da ya kamata ya hana gwamnati barci. Na da namiji ne shi kaɗai, mai ƙaramin ilimi, iyalinsa na gida, kuɗinsa na komowa gida. Na yanzu miji da mata da yara ne suke tafiya tare, da yawa da sana'a a hannu: ma'aikatan jinya, direbobin manyan motoci, masu walda, masu aikin lantarki, injiniyoyin kwamfuta, da likitoci sama da dubu tun 2013, waɗanda ƙasar ta kashe kuɗi ta horar. Binciken da Tado Jurić na Jami'ar Katolika ta Kuroshiya ya yi kan waɗanda suka koma Jamus ya nuna da yawansu suna da aiki kafin su tafi, kuma abin da suka fi kuka da shi ya haɗa da cin hanci, da ɗaukar aiki ta hanyar sanayya da katin jam'iyya, da rashin yarda da kotuna. Da zarar yaro ya yi shekara uku a makarantar Jamus, maganar komowa ta zama ta bayan ritaya. Kuɗin da ake aikowa gida har yanzu suna da yawa, wajen kashi 7 cikin ɗari na arzikin da ƙasar ke samarwa a lissafin Bankin Duniya, wanda ke sahun gaba a Tarayyar Turai. Amma lissafin ya haɗa da albashin ma'aikatan jiragen ruwa da masu aikin ɗan lokaci a waje, kuma iyalin da ya tafi gaba ɗayansa ba shi da wanda zai aika wa sai tsofaffi.

Amsar gwamnati mafi girma ita ce sassauta dokar zama ɗan ƙasa, daga 1 ga Janairun 2020. An cire iyakar zuriya, wato jika ko tattaɓa-kunne ko wanda ya fi haka nisa duk suna iya nema, an kuma cire jarrabawar harshe da al'ada ga wannan rukuni, ba a kuma bukaci mutum ya ajiye fasfonsa na asali ba. Sharaɗin shi ne kakan ya bar yankin Kuroshiya ta yau kafin 8 ga Oktoban 1991 da niyyar zama a waje. Wanda ya koma wata jamhuriya ta cikin Yugoslabiya ba ya ciki. Mai nema zai kawo takardar haihuwar kakan daga Kuroshiya, da shaidar fitarsa kamar rajistar fasinjojin jirgi ko takardar zama ɗan wata ƙasa, da takardun haihuwa da na aure na kowane tsani daga kakan zuwa kansa ba tare da giɓi ba. Kowace takardar waje sai an buga mata hatimin tabbatarwa na ƙasa da ƙasa, tafintan da kotu ta rantsar ya fassara ta. A haɗa da shaidar rashin laifi wadda ba ta wuce wata shida ba, da taƙaitaccen tarihin rayuwa, a kai da kai ofishin jakadanci. Ma'aikatar harkokin cikin gida a Zagreb ke yanke hukunci, kuma jiran yakan kai shekara biyu ko fiye.

Inda takardu suka fi maƙalewa shi ne suna. Limamin ƙauye a Dalmashiya ta 1885 da Latin ko Italiyanci yake rubuta rajistar baftisma, sai Ivan ya fito Joannes ko Giovanni. Magatakardan tashar Buenos Aires ya mai da shi Juan, ya sauya harafin ƙarshen sunan gidansu yadda kunnensa ya ji, ya rubuta garinsu Brazza ko Spalato maimakon Brač ko Split, ƙasarsa kuma Ostiriya. Jikan da ya zo bayan shekara ɗari sai ya tabbatar wa jami'i cewa waɗannan mutum uku mutum ɗaya ne, yawanci ta hanyar daidaita ranar haihuwa da sunayen iyaye, wani lokaci sai da hukuncin kotu na gyaran suna. Wanda bai san ainihin ƙauyen kakansa ba ya fi kowa wahala, domin tsofaffin rajistoci coci-coci aka ajiye su, yanzu suna warwatse tsakanin ofisoshin rajista da ma'ajiyar tarihi ta Split da Zadar da Dubrovnik. Kuskuren da aka fi yi shi ne karɓo shaidar rashin laifi tun farko, ta lalace kafin ranar ganawa da jakadanci ta zo. Ita ake nema a ƙarshe.

Masu nema sun ƙaru sosai, musamman daga Kudancin Amurka, kuma wasu na zuwa da gaske: suna shiga kwas ɗin harshe na Croaticum a Jami'ar Zagreb da tallafin gwamnati, wasu su zauna. Sai dai fasfon Kuroshiya fasfon Tarayyar Turai ne, yana ba mutum damar zama da aiki a ƙasashe 27. Ɗan Ajantina mai jin Sifaniyanci, wanda bai iya gaisuwa da harshen kakansa ba, Madrid ta fi masa Osijek sauƙi, kuma ba wanda zai ga laifinsa. Christian Pulisic ya nuna yadda abin ke aiki tun kafin sassaucin: fasfon da ya samu ta wajen kakansa ɗan tsibirin Olib ne ya ba shi damar fara wasa a Dortmund yana ɗan shekara 16, ga shi kuma Amurka yake buga wa.

Ga waɗanda suka fita bayan 2013, su ne kaɗai ke da harshe da takardun sana'a da iyaye a gida, an gwada kuɗi. Shirin Biram Hrvatsku na 2022 ya yi tayin har kuna dubu 200 (kuɗin ƙasar na lokacin), kusan yuro dubu 27, ga wanda zai dawo ya buɗe sana'arsa. Waɗanda suka karɓa ba su taka kara sun karya ba idan aka gwada da masu fita, kuma dalilin a fili yake: ma'aikaciyar jinya ko direban mota albashi suke nema, ba kamfani suke son buɗewa ba. Daga 2025 an ƙara da yafe harajin albashi na shekara biyar ga wanda ya yi aƙalla shekara biyu a waje. Wannan ya fi amfanar mai babban albashi, tunda mai ƙarami da ma harajinsa kaɗan ne, kuma ya bar likitan da ya haƙura ya zauna yana biyan harajin da abokin aikinsa da ya dawo daga Dublin ba ya biya. Mutane na dawowa, kuma abin da ya fi jawo su shi ne albashi da ya tashi a gida da tsadar haya a biranen Jamus da Ayilan.

Gurbin da aka bari kuwa bai jira kowa ba. Otal-otal na bakin teku da wuraren gini da kamfanonin kai saƙo suna buƙatar hannu yau. A 2021 aka soke tsarin ƙayyade yawan baƙin ma'aikata, takardun izinin zama da aiki suka tashi daga 'yan dubbai a tsakiyar shekarun 2010 zuwa kimanin dubu 172 a 2023, suka haura dubu 200 a 2024. Lambar ta takardu ce, ta haɗa da sabuntawa da masu aikin bazara, don haka mutanen da ke ƙasa ba su kai haka ba. Ban da 'yan Bosniya da Sabiya, waɗanda suka fi yawa 'yan Nepal ne da Indiya da Filifin. Tun 2022 masu shiga Kuroshiya sun fi masu fita, kuma waɗannan baƙi ne suka juya alƙaluman. Da yawansu ta hannun dillalai suke zuwa, da bashin kuɗin hanya a wuya, kuma tun da ƙasar ta shiga yankin Schengen, inda ba a binciken fasfo a kan iyakokin ƙasashe, a 2023 wasu na wucewa yamma, hanyar da 'yan ƙasar suka bi. Wanda ya zauna yana son zama ɗan ƙasa, doka na neman ya yi shekara takwas a jere da rajista, ya samu izinin zama na dindindin, ya ci jarrabawar harshe da al'ada, sannan a ƙa'ida ya ajiye fasfon ƙasarsa.